Wa ya tsara kiɗan Ar-Risala?

A ɗakunan 'yan Arewa masu ci-rani a Madinat Khalifa da ke Doha, da wuya azumi ya wuce ba a kalli Ar-Risala ba, ko da a waya ce an jingine ta jikin flas ɗin shayi. Kowa ya haddace kiɗan fim ɗin. Amma tambayi wanda ya tsara shi, sai gardama ta kaure: wannan ya ce Bamisre ne, wancan ya rantse ɗan Libiya ne, tunda can aka ƙarasa ɗaukar fim ɗin bayan an tashi daga Maroko.

Amsar tana nan cikin jerin sunayen da ba mai tsayawa karantawa. Bafaranshe ne, Maurice Jarre, haifaffen Lyon a 1924, wanda ya fara da kiɗan ganguna kafin ya riƙe sashen kiɗa na gidan wasan kwaikwayon Jean Vilar a Paris.

To me ya haɗa shi da tarihin Musulunci? Sahara ce. A 1962 ya yi wa David Lean kiɗan Lawrence of Arabia cikin makonni shida kacal, ya ci kyautar Oscar. Da Moustapha Akkad, mutumin Halab, ya tashi yin Ar-Risala, fim ɗinsa na 1976, so yake Turawa su zauna su kalla, don haka ya nemo wanda kunnensu ya riga ya yarda da shi.

Sai dai aikin ya fi na Lawrence wuya. Ba a nuna Manzon Allah (SAW), ba a jin muryarsa. Sahabbai su fuskanci kyamara su yi magana, su yi shiru, sannan wani sauti mai taushi ya shigo ya sanar da mai kallo a gaban wa ake. A ganina nan gwanintar Jarre take, ba a gangunan Badar da Uhudu ba, domin da ya ƙara gishiri ko kaɗan da ya ɓata ladabin wurin.

Kiɗan ya shiga takarar Oscar, amma John Williams ya kayar da shi da Star Wars a 1978. Akkad bai sauya makaɗi ba: Jarre ɗin ne dai ya yi masa kiɗan fim ɗin Umar Mukhtar. Jarre ya rasu a Los Angeles a Maris na 2009.