Daga Raƙumi Ɗari zuwa Takardar Asiransi: Diyyar Rai a Hanyar Ƙonni

Birnin Ƙonni gari ne na mararraba. Babbar hanyar ƙasa mai lamba ɗaya, wadda ta taso daga Yamai ta nufi Damagaram, ta ratsa shi. A Tsarnawa hanyar Tawa da Agadas ta rabu. Daga kudu kuwa ga Illela ta Najeriya, ƙofar Sakkwato. Dare da rana manyan motoci ba sa yankewa, wasu da simintin Malbaza, wasu da albasar Galmi, wasu da mai ko dabbobi. Inda gingimari ke raba kwalta da amalanken jaki da ɗan kabu-kabu, ba a daɗewa ba a ɗauki gawa ba. In an share makoki, tambaya ɗaya ke saura: me ke kan wanda motarsa ta kashe, kuma wa ke da haƙƙin karɓa?

Tambayar ta girmi mota. Tun kafin Nasara su iso, malaman wannan yanki suna karantar da Risala ta Ibn Abi Zaid, inda aka ƙayyade diyyar kisan kuskure: raƙumi 100 ga masu raƙuma, dinari 1,000 ga masu zinariya, dirhami 12,000 ga masu azurfa. Dinari dubu ya kai wajen kilo huɗu da kwata na zinariya. Babu makiyayi ko fatake da zai iya ɗaukar wannan nauyi shi kaɗai, shi ya sa shari'a ta ɗora shi a kan aƙila, wato dangin mai kisa ta wajen uba, su tara su biya cikin shekara uku. Wanda ya duba da kyau zai ga asiransi ce tun ba a san sunanta ba: jama'a da yawa ke ɗaukar asarar da kuskuren mutum ɗaya ya jawo. Diyyar kuma gado ce, ana raba ta kamar sauran dukiyar mamaci, matarsa da ƴaƴansa kowa da rabonsa.

Mulkin Faransa ya zo da wani ma'auni. A can ma babbar mota ce ta sauya fahimtar doka. A shekarun 1920 motar wani kanti ta buge wata yarinya, Lise Jand'heur, ta ji mata rauni mai tsanani, aka yi ta ja-in-ja kan ko dole sai an tabbatar da laifin direba. Ranar 13 ga Fabrairu 1930 kotun ƙolin Faransa ta yanke cewa mai riƙe da abin da ya yi ɓarna shi ke da alhaki, ko da ba a nuna ya yi sakaci ba. Nijar ta gaji wannan tsari bayan ƴancin kai na 1960, alƙali ne ke kimanta asarar iyali bisa abin da ya gani. A tsallaken iyaka kuwa, Arewacin Najeriya ta samu dokar haɗurran da suka jawo mutuwa a 1956, wadda tushenta ke Ingila tun 1846, daga baya Jihar Sakkwato ta faɗaɗa aiki da shari'ar Musulunci a 2000.

A shekarun 1980 kamfanonin asiransi na ƙasashe rainon Faransa suka yi ta kukan cewa kuɗin da kotuna ke yankewa zai durƙusar da su. Ranar 10 ga Yuli 1992 aka sa hannu a Yawunde kan yarjejeniyar CIMA, Nijar na cikin ƙasashen da suka shiga, dokar ta fara aiki a 1995. Daga nan aka rage wa alƙali iko. Kamfani ne zai fara miƙa wa magada tayi domin a sasanta kafin a je kotu, kuma lissafin yana bin jadawali. Wanda ba shi da shaidar abin da yake samu, kamar manomin albasa ko ɗan dako, sai a auna shi da mafi ƙarancin albashi: sefa 30,047 a wata daga 2012, daga baya aka ɗaga shi zuwa sefa 42,000. Tsarin ya kawo sauri da daidaito, amma tazarar da ke tsakanin wannan ma'auni da kilo huɗu na zinariya ba ta buƙatar malamin lissafi.

Duk da haka, iyalai da dama ko wannan kaɗan ba ya isa hannunsu. Mai mota ya aiko dattawa da goro da buhun shinkafa, a zauna a zaure, babban gida ya ce ƙaddara ce, sun yafe, ba za su ci kuɗin jini ba. Magana ce mai daɗin ji, kuma yafiya Alƙur'ani ya ba magada damarta a Suratun Nisa'i. Sai dai a fiƙihun Malikiyya baligi rabonsa kaɗai yake iya yafewa. Rabon maraya ba na baffa ba ne balle ya yi kyauta da shi. Dokar CIMA ma ta tanadi cewa sasantawar da ta shafi ƙaramin yaro sai ta bi ta hannun alƙali ko majalisar iyali. Hanyoyin biyu sun haɗu a nan, al'ada ce ta kauce musu.

Akwai kuma abin da ba a cika faɗa a zauren ba. Idan motar tana da asiransi, direban da ake tausayi ba daga aljihunsa kuɗin za su fito ba, yafiyar kamfani ta amfana. Abin da kamfani ke nema shi ne rahoton jandarma, takardar mutuwa, takardar gado da takardun haihuwar yara. A ƙauyukan Malbaza da Illela ta Nijar, inda aka haifi yara da yawa a gida ba a rubuta su ba, sau da yawa matar mamaci tana cikin takaba, ba wanda ya je kotu neman hukuncin da ke maye gurbin takardar haihuwa, har lokacin da doka ta ɗiba wa neman diyya ya wuce.