Sensar totur: Yadda ake gane ta lalace da yadda ake sauya ta

Idan mota ta fara fizga a lokacin da aka taka totur, ko ta riƙa mutuwa a mahaɗar hanya, ko kuma ta shiga shan mai fiye da yadda aka saba, ɗaya daga cikin abubuwan da ake fara zargi shi ne wata 'yar na'ura da ba ta wuce girman kwalin ashana ba.

Na'urar dai ita ce sensar totur, wadda littattafan kanikanci ke taƙaita sunanta da TPS. Aikinta shi ne ta sanar da kwamfutar mota, wadda wasu ke kira ƙwaƙwalwar mota, iya yadda aka buɗe wa inji hanyar shaƙar iska.

Sai dai kusan dukkan alamomin lalacewarta ana ganinsu a wasu matsalolin na daban, lamarin da ke sa a sauya ta alhali kuwa lafiyarta ƙalau. Awon 'yan mintoci da mitar lantarki kan raba gardama kafin a kashe kuɗi.

Me ya kawo sensa cikin mota?

A tsofaffin motoci masu kafireta, irin su Peugeot 504 da aka fara harhaɗawa a Kaduna a shekarar 1975, iskar da inji ke zuƙa ita ce ke jan fetur da kanta, ba tare da wata kwamfuta ba.

A shekarar 1967 ne kamfanin Bosch na Jamus ya fito da tsarin fesa mai da lantarki ke sarrafawa, aka kuma fara sa shi a motar Volkswagen 1600. Daga baya dokokin rage hayaƙi a Amurka da Turai suka tilasta wa masu ƙera motoci rungumar tsarin, ta yadda a farkon shekarun 1990 kafireta ta kusa ɓacewa daga sababbin motocin waɗannan ƙasashe.

Da yake akasarin motocin da ke kan titunan Najeriya da Nijar na hannu ne da aka shigo da su daga can, mafi yawan masu motar fetur a yau suna yawo da wannan sensa, ko sun san da ita ko ba su sani ba.

Injin fetur na buƙatar kimanin kashi 14.7 na iska a kan kashi 1 na mai, idan aka auna su da nauyi. Kwamfuta ce ke kula da wannan ma'auni, kuma ba za ta iya ba sai tana samun labarin abin da ƙafar direba ke yi a kowane lokaci.

Yaya take aiki?

A bakin bututun da ke kai iska cikin inji akwai wani gida na ƙarfe, wato gidan totur. A cikinsa akwai wani faifai da ke juyawa a kan sanda, yana buɗe hanyar iska idan an taka totur, yana rufe ta idan an ɗaga ƙafa. Sensar tana liƙe ne a ƙarshen wannan sanda, tana juyawa tare da ita.

Tsohon samfurinta na aiki ne kamar maɓallin ƙara sautin rediyo. Wani siririn harshen ƙarfe ne ke gogawa a kan layin da aka shafa wa sinadarin gawayi, ƙarfin wutar da ke fita kuma yana sauyawa gwargwadon inda harshen ya kai.

Galibi wayoyi 3 ne ke shiga cikinta. Ta farko na kawo wutar volt 5 daga kwamfuta, ta biyu ita ce ta ƙasa da ke mayar da wutar, ta uku kuma ke kai saƙo ga kwamfuta. A mafi yawan motoci saƙon na farawa ne daga kusan rabin volt idan faifan na rufe, ya yi ta hawa har zuwa wajen volt 4.5 idan an buɗe shi gaba ɗaya.

Da wannan saƙo ne kwamfuta ke ƙara mai nan take idan direba ya taka totur da sauri, ta kuma datse man idan ya ɗaga ƙafa mota na gangarawa. A motoci masu giya mai sarrafa kanta, saƙon na cikin abubuwan da ke tantance lokacin sauya giya.

Sababbin motoci da dama sun koma amfani da sensa mai aiki da maganaɗisu, wadda babu abin da ke goga wani a cikinta, don haka ta fi daɗewa.

Haka kuma tun daga ƙarshen shekarun 1980 aka fara ƙera motocin da babu wayar ƙarfe tsakanin totur da inji. A irinsu wani ƙaramin injin lantarki ne ke juya faifan bisa umarnin kwamfuta. Saboda tsaro, akan sa sensa biyu a gidan totur da wasu biyu a jikin abin takawa, domin kowace ta zama shaida a kan 'yar uwarta.

Me ke lalata ta?

Babban dalili shi ne gogayya. Harshen ƙarfen ya fi zama a wuri guda, wato daidai inda direba ya saba riƙe totur a tafiyar yau da kullum, don haka nan ne layin ke fara cinyewa. Idan harshen ya iso wurin sai saƙo ya yanke na ɗan lokaci, kwamfuta ta ɗauka an saki totur, ta rage mai, motar ta yi fizga.

Zafin inji da girgiza na sa roba ta tsage ko waya ta karye a cikin rigarta. Wanke inji da ruwa mai ƙarfi kuma na tura danshi cikin soket, haƙoransa su yi tsatsa.

Waɗanne ne alamomin?

Daga cikin alamomin da aka fi gani akwai jinkiri ko shaƙewa a lokacin da aka taka totur, da fizga a tsakiyar tafiya ko da ƙafar direba ba ta motsa ba.

Akwai kuma rashin daidaiton silo, wato juyin inji a lokacin da mota ke tsaye, inda zai riƙa hawa da sauka ko ya mutu. Giya mai sarrafa kanta kan makara wajen sauyawa, ko ta shiga da bugu.

Fitilar gargaɗi mai hoton inji kan kama a gaban direba. A motocin da lantarki ke juya faifan, idan saƙonnin sensa biyun suka saɓa wa juna, kwamfuta kan rage ƙarfin inji da gangan, motar ta koma tafiyar hawainiya har sai an gyara.

A wasu motocin ma inji kan ƙi tashi. Dalili kuwa shi ne an tsara kwamfuta ta datse mai idan aka murza makulli totur na take har ƙasa, domin a busar da injin da mai ya yi wa yawa. Sensar da ta maƙale a kan babban saƙo na iya yaudararta ta yi hakan.

Hatsarin da ke tattare da matsalar ya wuce ɓacin rai. Motar da ta shaƙe a daidai lokacin da direba ya fito zai wuce tirela a hanya mai hannu biyu na iya jefa rayuka cikin haɗari. Ta fuskar aljihu kuma, tun bayan janye tallafin man fetur a Najeriya a watan Mayun 2023, duk litar da ta tafi a banza ana jin ta a jika.

Abubuwan da ke kama da ita

Dattin da ke taruwa a gefen faifai, musamman inda ƙura ta yi yawa kuma matatar iska ta tsufa, na hana shi rufewa daidai, ya ɓata silo. Tsagewar robar iska na sa inji ya shaƙi iskar da kwamfuta ba ta lissafa da ita ba.

Raunin famfon mai, da toshewar matatar mai, da tsufan fulogi, da dattin sensar da ke auna yawan iska, kowannensu na iya sa mota ta yi fizga iri ɗaya.

Bugu da ƙari, a motoci da yawa sensoci daban-daban ne ke shan wutar volt 5 daga layi guda. Idan ɗaya daga cikinsu ta haɗe wuta, sai ta janyo layin ƙasa, laifin ya bayyana a kan sensar totur.

Yadda ake bincike

Matakin farko shi ne karanta lambar matsala. Tun daga motocin shekarar 1996 Amurka ta wajabta tsarin binciken da ake kira OBD-II, Tarayyar Turai kuma ta bi sahu a motocin fetur daga 2001. Soket ɗinsa mai ramuka 16 yana ƙarƙashin allon gaban direba, kusa da sitiyari.

Lambobin da suka shafi sensar sun haɗa da P0120, wadda ke nuna matsala a layinta, da P0121 da ke nufin saƙon bai dace da yadda inji ke aiki ba. P0122 na nufin saƙon ya yi ƙasa sosai, P0123 ya yi sama sosai, P0124 kuma yana yankewa yana dawowa. P2135 na fitowa ne idan sensa biyu suka saɓa wa juna.

Abin lura shi ne lambar tana nuni ne ga layin wutar baki ɗayansa, wato sensa da soket da wayoyi da ita kanta kwamfutar. Misali, yankewar wayar ƙasa kaɗai na iya haifar da P0123, kuma sabuwar sensa ba za ta magance hakan ba.

Mataki na biyu shi ne duba da ido. A cire soket a duba tsatsa ko lanƙwasar haƙori, a bi wayoyi a ga ko sun goge a jikin ƙarfe, sannan a leƙa faifan a ga yawan dattinsa.

Mataki na uku shi ne awo. A murza makulli fitilu su kama ba tare da an tayar da inji ba. A tabbatar da cewa volt 5 na isowa soket, kuma wayar ƙasa na da kyau. Daga nan a mayar da soket, a sa tsinken mita ta bayansa a kan wayar saƙo, a buɗe totur sannu a hankali har ƙarshe, a kuma rufe shi haka.

Lafiyayyar sensa za ta nuna wuta na hawa da sauka a jere, babu tsalle. Idan adadin ya faɗi kwatsam a wani wuri, ko ya tsaya cik, ko ya yi rawa idan an ɗan ƙwanƙwasa jikinta, to sensar ta lalace. Idan kuwa sai an motsa wayoyi yake rawa, laifin na waya ne ko soket.

Mita mai allura ta fi mai lambobi saurin nuna gajeren yankewa. Na'urar binciken da ke zana saƙon a kan allo ta fi su duka. Ainihin adadin da ya kamata a gani kuma ya bambanta daga mota zuwa mota, don haka littafin motar ne abin dogaro.

A motar da lantarki ke juya faifan, kada a sa yatsa a cikin gidan totur makulli na kunne, domin faifan na iya rufewa da ƙarfi. A bar wani ya taka totur daga ciki, a karanta saƙon ta na'urar bincike.

Yadda ake sauya ta

A kashe inji a bari ya huce, sannan a cire kan batir mai alamar ragi. Mai motar da rediyonta ke neman lambar sirri bayan ɗauke wuta ya tanadi lambar tun kafin a fara.

A danna maƙallin soket a zare shi, ba tare da jan wayoyin ba. Galibi ƙusoshi biyu masu zare ne ke riƙe da sensar, kuma sau da yawa an shafa musu gam tun daga masana'anta, don haka sai da abin kwancewa da ya dace da kansu, in ba haka ba kan ya lalace.

A gwada sabuwar da tsohuwar, a tabbatar da cewa lambar kaya da soket da ɓangaren da take juyawa duk ɗaya ne. A zaunar da ita faifan na rufe, yadda harshen sanda zai faɗa cikin raminta ba tare da an tilasta ba.

A wasu tsofaffin motoci ramukan ƙusoshin dogaye ne domin saiti. A irinsu akan ɗan juya sensar ana kallon mita, har sai saƙon ya kai adadin da littafi ya faɗa, sannan a ɗaure. Ɗauri mai tsanani kan fasa robar.

Bayan an mayar da batir a goge tsofaffin lambobin matsala. Motoci da yawa na buƙatar kwamfuta ta sake koyon matsayin faifai da silo, wasu ta hanyar barin inji ya yi aiki na ɗan lokaci, wasu kuma sai da na'urar bincike. Tsallake wannan mataki ne ke sa silo ya hau bayan gyara.

A yawancin motocin da lantarki ke juya faifan, sensar a haɗe take da gidan totur, don haka gidan ne baki ɗaya ake sauyawa, kuma kuɗinsa ya ninka na sensa kaɗai.

Sabuwa ko ta hannu?

A manyan kasuwannin kayan mota irin su Ƙofar Ruwa a Kano, da Panteka a Kaduna, da Ladipo a Legas, akan samu sababbi da kuma na hannu da aka ciro daga wasu motocin.

Ta hannu mai harshen ƙarfe ta riga ta ci wani ɓangare na rayuwarta, kuma ido ba ya ganin cinyewar da ke cikinta. Ana iya gwada ta tun a shago, ta hanyar sa mita a ma'aunin turjiyar wuta a juya ta a hankali, a ga ko adadin na tafiya a jere. Sabuwar da ba a san wanda ya ƙera ta ba ita ma tana iya ba da saƙon da bai dace da motar ba.

Bayan kammala gyara a fita gwaji a hanyar da babu cunkoso, a taka totur a hankali, a kuma taka da ƙarfi, sannan a sake karanta kwamfuta. Idan lambar ta dawo da sabuwar sensa a jiki, sai a koma kan wayoyi da soket, kafin a fara zargin kwamfutar.