Daga faifan farko zuwa sarewar Fulani: waiwaye kan Yusef Lateef

Da yamma a Kona, idan shanu suka fara gangarowa daga gindin duwatsu, iska takan kawo sautin sarewar makiyayi. Mu da muka saba ji, ko ɗaga kai ba ma yi. Alhali irin wannan karan mai 'yan huji ne wani gwanin busa ɗan Amurka ya zauna a Zariya yana nazari, bayan ya kai shekara sittin a duniya.

An haife shi a 1920 a Chattanooga, aka raɗa masa William Huddleston, ya tashi a Ditiroit, birnin ƙera motoci. Ƙuruciyarsa ta zo daidai da ɓullar bibop, salon jaz mai gudu da sarƙaƙiya wanda Charlie Parker da Dizzy Gillespie suka fito da shi a shekarun 1940. A 1949 ya bi ƙungiyar Gillespie yana busa saksofon. A wannan tsakanin ne ya musulunta, ya koma Yusef Lateef.

Kamar yadda ɗan amshi a ƙasar Hausa kan daɗe a bayan maigida kafin ya ci gashin kansa, haka shi ma ya jira. Sai a watan Afrilu na 1957, yana da shekara 36, ya shiga ɗakin ɗaukar sauti a matsayin jagora, kamfanin Savoy ya fitar da Jazz Mood da Jazz for the Thinker. Abokan tafiyarsa 'yan Ditiroit ne: Curtis Fuller a tirambon, Hugh Lawson a fiyano, Ernie Farrow a babbar garayar Turawa, Louis Hayes a ganguna.

Ginshiƙin kiɗan bibop ne, amma mai kunne zai ji baƙo a ciki. Lateef ya busa argul, wata busar kara mai bututu biyu ta ƙauyukan Masar, Farrow kuma ya ɗauki rababa, 'yar'uwar gogenmu. A zamanin da kowane mabushi ke tseren ya fi Parker sauri, shi ya ja da baya yana saurarar abin da ke Gabas. Faifan Eastern Sounds na 1961 ya fito da wannan ƙishirwa fili. A 1975 ya yi digirin digirgir a Jami'ar Massachusetts, inda ya kwatanta ilimin Musulunci da na Yamma.

Daga 1981 zuwa 1985 yana Cibiyar Nazarin Al'adun Najeriya ta Jami'ar Ahmadu Bello, a matsayin babban mai bincike. Ya koyar, ya kuma koya. Sarewar Fulani ce ta fi ɗaukar hankalinsa. A 1983 ya naɗi faifan In Nigeria a Legas tare da makaɗan ƙasar nan, sannan a 1987 littafin da suka rubuta da Ziky Kofoworola kan wasanni da kiɗan Hausa ya fito. Bayan komawarsa gida ya ci kyautar Grammy a 1988. Ya rasu ranar 23 ga Disamba, 2013, yana da shekara 93.

Juma'ar da za ta yi kyau tun daga Laraba ake gane ta. Wanda ya saurari argul ɗin nan na 1957 ba zai yi mamakin ganin mai shi a Zariya ba, dattijo da digirinsa, yana bin yatsun mabushin sarewa da ido don ya ga hujin da aka toshe.