Tambarin Burundi: yadda ingoma ta tsira daga yaƙin basasa

Wannan maƙala za ta duba dalilin da ya sa kiɗa da rawar tambura ba su mutu ba a Burundi, duk da yaƙin basasar da aka fara bayan kisan shugaba Melchior Ndadaye a watan Oktoba na 1993, wanda ya ci rayuka wajen 300.000 kafin ya lafa a 2005.

Ya kamata mu fara da kalma. A harshen Kirundi, ingoma tana nufin ganga, tana kuma nufin sarauta da zamanin sarki. Bahaushe ba zai yi mamaki ba, tun da a wajensa ma tambari alamar mulki ne. Ganga mai tsarki ita ce Karyenda, wadda ake fitarwa a bikin umuganuro, lokacin da sarki, wato mwami, yake ba da izinin shuka dawa. Makaɗan, abatimbo, gadon sana'ar suke yi.

Ke nan ingoma ta sha gwagwarmaya tun kafin 1993. An daina umuganuro wajajen 1930, zamanin mulkin mallakar Beljiyam, sannan aka rushe sarautar kanta a 1966. Wannan rabuwa da fada ita ce, a ganinmu, ta cece ta. Da ganga ta bar hannun sarki, sai ta zama ta ƙasa baki ɗaya, ba ta Hutu ba, ba ta Tutsi ba. Harshen waƙoƙinta ɗaya ne da na ɓangarorin biyu. Ilminta kuma a ka da hannu yake, ɗa yana ɗauka wurin uba. Ko an ƙone gari, wanda ya tsere yana tafiya da shi. Wurin ajiye tambura na Gishora, kusa da Gitega, ya tsira.

A 2014 hukumar UNESCO ta sa wannan rawa cikin jerin al'adun gado na duniya. Amma a 2017 gwamnati ta fitar da doka mai hana mata kaɗa ingoma, ta kuma hana kaɗa ta a bukukuwan jama'a sai da izini da biyan kuɗi. Ta haka ganga ta koma hannun masu mulki, kamar yadda sunanta ya nuna tun asali. Abin bincike yanzu shi ne ko gadon abatimbo zai jure wannan riƙo kamar yadda ya jure yaƙi.