Lambobin asibiti na masu shan maganin rage ƙarfin garkuwar jiki

A Amurka, asibiti ba ya samun kuɗin aikinsa daga kamfanin inshora sai an mayar da abin da likita ya rubuta zuwa wasu lambobi na musamman. Kowace cuta tana da lambarta, haka ma kowane yanayi da ya shafi lafiyar majinyaci.

Daga ranar 1 ga watan Oktoban 2022 ne aka ware wani rukuni mai suna Z79.6 domin mutanen da ke shan magungunan rage ƙarfin garkuwar jiki, ko daidaita ta, na tsawon lokaci. Kafin nan, akan jefa akasarinsu ne cikin lamba guda, Z79.899, wadda ma'anarta ba ta wuce cewa mutum yana shan wani magani a kai a kai ba.

Su wa abin ya shafa?

Na farko su ne waɗanda aka yi wa dashen ƙoda ko hanta ko zuciya. Garkuwar jiki tana ɗaukar sabuwar ƙodar a matsayin baƙuwa, sai ta far mata. Don haka dole majinyaci ya riƙa shan maganin da zai lafar da garkuwar muddin ƙodar tana jikinsa.

Dashen ƙoda na farko da ya yi nasara, wanda Dokta Joseph Murray ya yi a birnin Boston a 1954, bai buƙaci haka ba, saboda tsakanin tagwaye masu kama ɗaya aka yi shi. Aikin bai bunƙasa sosai ba sai bayan da Amurka ta amince da maganin saiklosforin a 1983, sannan takrolimus a 1994.

Akwai kuma masu cututtukan da garkuwar jiki ke juya wa mai ita baya, kamar wani nau'in amosanin gaɓoɓi da kumburin hanji mai daɗewa.

Yadda aka rarraba lambobin

Lambobin da ke farawa da harafin Z ba sunan cuta ba ne. Bayani ne kan halin da mutum yake ciki. Z94.0, alal misali, tana nufin an yi masa dashen ƙoda, Z79.4 kuma yana amfani da allurar insulin.

A sabon rukunin, an raba magungunan ne bisa yadda suke aiki a jiki. Saiklosforin da takrolimus suna ƙarƙashin Z79.621, sirolimus kuma Z79.623. Idan ba a fayyace irin maganin ba, sai a yi amfani da Z79.60. Magunguna irin su firednisolon suna da tasu lambar daban tun da farko, wato Z79.52.

Wannan rarrabewa ba ado ba ce. Takrolimus magani ne mai wuyar sha'ani: idan ya yi kaɗan a jini, jiki zai iya ƙin ƙodar, idan kuma ya yi yawa, shi da kansa zai iya lahanta ta. Shi ya sa ake yawan auna jinin masu shansa. Kamfanin inshora kuwa yakan nemi dalilin maimaita gwaji, kuma lambar ce ke ba shi amsa. Idan ma'aikacin da ke cike takardar neman kuɗi ya manta da ita, ana iya ƙin biya, sai a shiga kai-komo tsakanin asibiti da kamfani, wani lokaci ma takardar bashin ta ƙare a hannun majinyaci.

Abin da ke rikita ma'aikatan shi ne ƙa'idar ba ta ƙayyade yawan kwanakin da za a kira tsawon lokaci ba. Ta dai hana amfani da waɗannan lambobi ga maganin 'yan kwanaki. Haka kuma shan maganin kaɗai bai isa a sa wa mutum D84.821 ba, wato lambar raunin garkuwa sakamakon magani, sai likita ya rubuta hakan ƙarara.

Asalin tsarin

Tushen lambobin shi ne kundin rarraba cututtuka na ICD, wanda Hukumar Lafiya ta Duniya ke kula da shi tun 1948. An amince da bugu na goma a 1990, amma Amurka ba ta fara amfani da nata samfurin, ICD-10-CM, wajen neman kuɗin jinya ba sai a Oktoban 2015. Lambobinta sun tashi daga kimanin dubu 14 zuwa kusan dubu 70. Rukunin Z79.6 na Amurka ne, babu shi a kundin hukumar na asali.

Lamba da doka

Sai dai komai kyawun lamba, ba ta sa a biya abin da doka ba ta tanada ba. Shekara da shekaru, shirin inshorar gwamnati na Medicare yakan daina ɗaukar nauyin wanda ya shiga shirin saboda gazawar ƙoda kawai, da zarar an cika watanni 36 da yi masa dashe. Wasu sukan kasa sayen maganin, ƙodar ta lalace, su koma wankin ƙoda, wanda shirin ne dai zai biya, kuma ya fi tsada. Majalisar dokokin ƙasar ta gyara wannan a Disamban 2020, kuma daga Janairun 2023 aka ci gaba da biyan kuɗin maganin ga waɗanda ba su da wata inshorar.

A Najeriya, inda Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano ya fara dashen ƙoda a 2002, matsalar ta sha bamban. Duk da dokar 2022 da ta wajabta inshorar lafiya, akasarin majinyata daga aljihunsu suke sayen waɗannan magunguna, ko kuma dangi su yi karo-karo duk wata.