Wa Ke Da Dajin Afaka?

Mu mazauna Rigasa mun saba ganin dajin Afaka a maƙwabtanmu, cikin Ƙaramar Hukumar Igabi, har mukan ɗauka tun fil azal na gwamnati ne. Alhali kuwa a 1954 aka keɓe shi. Kafin Turawa su dawo da hedkwatar Arewa daga Zungeru zuwa Kaduna a 1917, Gwarawa ne ke noma da farauta a wannan yanki, Fulani kuma suna ratsawa da shanunsu. Dajin yana da masu shi, kuma yana da ƙa'ida: an san mai ɗorawa, an san mai kaɗanya, an san burtali da mashaya. Abin da babu shi ne takarda.

Takardar ta zo ne a 1910, sa'ad da Turawa suka yi shelar cewa duk ƙasar Arewa tana ƙarƙashin ikon Gwamna, wai yana riƙe da ita don amfanin 'yan ƙasa. Sai dokar gandun daji ta 1916, zamanin Lugga, da wadda ta gaje ta a 1937. A nan ya kamata mu tsaya mu duba da kyau. In za a keɓe daji, sai a yi sanarwa, a naɗa jami'i ya saurari duk mai da'awar haƙƙi a ciki. Abin da ya amince da shi, kamar tsintar busasshen itace ko bin wata hanya, sai a rubuta. Abin da ba a kawo ba cikin wa'adi, ya mutu ke nan. A takarda dai adalci ne. To amma manomin da ya bar gonarsa ta huta shekara bakwai, da me zai nuna wa Bature cewa wannan sauran nasa ne? Bafulatanin da ya tafi cin rani fa, wa zai kai masa labarin sanarwa? Ta haka mai daji ya wayi gari yana roƙon malamin daji izinin saran itace, in ya yi gardama alƙalin En'e ya ci shi tara.

Ta wannan hanya aka keɓe Kamuku ta Birnin Gwari a 1936, wadda ta zama gandun tarayya a 1999. Mulkin kai bai sake zane ba. Dokar ƙasa ta Jihar Arewa ta 1962 ta bi sawun ta Turawa, ta makiyaya ta 1965 kuwa ta yi tanadin wuraren kiwo, amma kaɗan ne aka tabbatar a hukumance, sauran gonaki da gidaje suka cinye. Abin mamaki, marubutanmu sun cika kasuwa da littattafan soyayya, wannan labari kuwa yana nan ba wanda ya taɓa.

Ba mu kaɗai Ingila ta yi wa haka ba. A Indiya ma ta yi, sai dai su a 2006 majalisarsu ta zartar da dokar da ta kira abin zaluncin tarihi. Ta yarda iyalin da ke zaune a daji su mallaki abin da suke nomawa har hekta 4, kuma taron ƙauye ne ke fara tantance da'awa, ba jami'in daji ba. Aiwatarwar tana tafiyar hawainiya, an kuma yi watsi da da'awa masu yawa, amma dai an rubuta haƙƙin.

Mu kuwa dokar amfani da ƙasa ta 1978 ta damƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun Gwamna. Ƙaramar hukuma tana iya ba da izinin gargajiya, hekta 500 don noma, 5,000 don kiwo, amma Gwamna yana iya soke shi da sunan buƙatar jama'a, diyyar kuma ta amfanin gona da gini ce, ba ta ƙasar ba. An cusa wannan doka cikin tsarin mulkin 1979, aka maimaita a na 1999, don haka ba a taɓa ta sai an bi hanyar gyaran tsarin mulki.