Lord Edward FitzGerald (1763–1798)

Lord Edward FitzGerald basarake ne ɗan ƙasar Ailan, hafsan soja kuma ɗan majalisa. Ya soma rayuwarsa yana yi wa Sarkin Ingila yaƙi, ya ƙare ta a kurkukun Dublin bayan an kama shi yana shirya tawaye ga wannan sarauta. Shi ne babban mai tsara harkar yaƙi na ƙungiyar United Irishmen, wadda ta tayar da boren 1798 don raba Ailan da mulkin Birtaniya.

Asali da tasowa

An haife shi ranar 15 ga Oktoba, 1763, a gidan da ya fi kowane girma a sarautun Ailan. Mahaifinsa, James FitzGerald, shi ne Duke na farko na Leinster, sarautar da ta fi kowace daraja bayan ta gidan sarki. Mahaifiyarsa, Emily Lennox, 'yar Duke na Richmond ce, jinin Sarki Charles na II. Gidansu na Dublin, Leinster House, shi ne mazaunin majalisar dokokin Jamhuriyar Ailan a yau.

Mahaifinsa ya rasu a 1773. Mahaifiyar ta auri William Ogilvie, malamin da ke koyar da 'ya'yanta, suka koma Faransa da zama. A can Edward ya iya Faransanci kamar harshen gida, ya kuma taso kan tarbiyyar da mahaifiyarsa ta ɗauko daga littattafan Rousseau, wadda ke fifita aikin hannu, noman lambu da sakin jiki da talakawa a kan taƙama da asali.

Aikin soja

Ya shiga rundunar Birtaniya a 1779. A 1781 aka tura shi Amurka lokacin yaƙin neman 'yancinta, ya yi aiki a ƙarƙashin Lord Rawdon. Ranar 8 ga Satumba, 1781, a gumurzun Eutaw Springs da ke South Carolina, ya sami mummunan rauni, aka bar shi kwance a fagen daga. Wani baƙar fata mai suna Tony Small, wanda ya gudo daga bauta, shi ya tsince shi ya yi jinyarsa har ya farfaɗo. Daga nan ba su rabu ba: Small ya bi shi Turai, ya zauna tare da shi har ƙarshen rayuwarsa.

A 1788 ya tafi New Brunswick a ƙasar Kanada da muƙamin manjo. A shekarar da ta biyo baya ya ratsa daji cikin ƙanƙara daga Fredericton zuwa Quebec, ya isa Detroit inda 'yan asalin yankin suka karɓe shi a matsayin ɗan ƙabilarsu, sannan ya bi kogin Mississippi har New Orleans. Zaman da ya yi da mutanen da ba su san bambancin basarake da talaka irin na Turai ba ya bar masa tasiri mai zurfi.

Majalisa da juyin juya hali

Tun 1783 ya shiga majalisar dokokin Ailan yana wakiltar Athy, daga 1790 kuma gundumar Kildare. Majalisa ce mai kujeru 300 wadda 'yan Furotesta masu filaye suka mamaye. 'Yan Katolika, waɗanda su ne mafi yawan jama'ar ƙasar, ba su da ikon zama a cikinta, ƙuri'a ma sai a 1793 aka ba masu dukiya daga cikinsu. FitzGerald ya zauna a ɓangaren adawa, kamar ɗan uwansa Charles James Fox a majalisar Landan.

Juyin juya halin Faransa ne ya sauya masa alkibla gaba ɗaya. A 1792 ya je Paris, ya sauka wurin marubuci Thomas Paine. A wata liyafa ya fito fili ya goyi bayan soke sarautun gado, ya ce a daina kiransa da laƙabinsa. Nan take aka kore shi daga soja. A watan Disamba na shekarar ya auri Pamela, wadda ta tashi a gidan Duke na Orléans, suka haifi 'ya'ya uku. Da ya dawo gida, a farkon 1793 ya tsaya a zauren majalisa ya zargi wakilin Sarki da masu rinjaye da cewa su ne mafi munin talakawan Sarki, maganar da ta tayar da ƙura sosai.

United Irishmen

An kafa ƙungiyar a Belfast a 1791, Wolfe Tone na cikin jagororinta. Burinta shi ne haɗa kan Katolika da Furotesta don gyara majalisa. Da gwamnati ta haramta ta a 1794, sai ta koma ƙungiyar asiri mai rantsuwa, mai neman jamhuriya da ƙarfin makami. FitzGerald ya shiga a 1796. A shekarar ya tafi Hamburg da Suwizalan tare da Arthur O'Connor don neman taimakon Faransa. A watan Disamba jiragen ruwa 43 ɗauke da sojoji kusan 14,000 a ƙarƙashin Janar Hoche suka nufi Bantry Bay, amma guguwa ta tarwatsa su, ba wanda ya sauka.

Daga nan shugabannin suka rabu biyu. Wasu sun ce a jira Faransa ta sake zuwa, FitzGerald kuwa ya dage a tashi ko babu ita, domin gwamnati na ƙwace makamai tana karya ƙungiyar kullum. A takarda suna da mambobi kusan 280,000, amma mafi yawansu dogayen masu ne makaminsu, waɗanda maƙera ke ƙerawa a ɓoye. Gwanintar soja da sunan gidansa su ne jarin da FitzGerald ya kawo musu, sai dai ƙungiyar cike take da 'yan leƙen asiri.

Kamu da rasuwa

Ranar 12 ga Maris, 1798, bisa tseguntawar Thomas Reynolds, aka kama shugabannin ƙungiyar na lardin Leinster a gidan Oliver Bond. FitzGerald ya tsira, ya shiga ɓuya yana sauya gidaje a Dublin, ya ƙi barin ƙasar duk da an ba shi dama. Gwamnati ta sa ladan fam 1,000 a kansa, wani lauya mai suna Francis Magan ya tona maɓoyarsa. Ranar 19 ga Mayu aka rutsa shi a ɗakin sama na wani gida a titin Thomas, yana kwance da zazzaɓi. Ya zare wuƙa ya yi wa hafsoshi biyu rauni, ɗayansu, Daniel Ryan, ya mutu daga baya. Manjo Henry Sirr ya harbe shi a kafaɗa.

Boren ya ɓarke ranar 23 ga Mayu ba tare da jagoransa ba. Shirin kame Dublin ya rushe, faɗan ya watsu a Kildare, Wexford, Antrim da Down ba haɗin kai, aka murƙushe babban sansanin 'yan tawaye a Vinegar Hill ranar 21 ga Yuni. Dubban mutane sun hallaka. FitzGerald bai ga ƙarshensa ba: raunin ya ruɓe, ya rasu a kurkukun Newgate ranar 4 ga Yuni, 1798, yana da shekara 34. An binne shi a cocin St Werburgh da ke Dublin.

Bayan rasuwarsa

Majalisa ta zartar da dokar ƙwace dukiyarsa, ba a soke ta ba sai 1819. Pamela ta bar ƙasar, ta rasu a Paris a 1831. Boren ya ba gwamnatin Landan hujjar rushe majalisar Ailan ta hanyar dokar haɗewa ta 1800, wadda ta fara aiki ranar 1 ga Janairu, 1801. Masana tarihi sun sha bamban kan ƙwarewarsa a tsarin yaƙi, wasu na ganin zafin zuciyarsa ya fi dabararsa. Amma 'yan kishin ƙasar Ailan na ƙarni na 19 da na 20 sun riƙe shi a sahun gaba na jarumansu, saboda Furotesta ne ɗan babban gida da ya sadaukar da muƙami, dukiya da rai don 'yancin jama'ar da tsarin gidansu ya danne.